Yadda ake kwashe tsohuwar saba a mayar da ita cikin VM ba tare da an rasa komai ba

Kusan duk ofishin da na shiga aiki akwai wani ɗan ɗaki, ko wata kusurwa a bayan kabad, inda tsohuwar saba, wato kwamfutar da ke riƙe da bayanai da manhajojin da sauran kwamfutocin ofis suke amfani da su, ke zaune tana gurnani dare da rana. Wadda ta fi tsaya mini a rai HP ProLiant ML350 ce a wani ƙaramin asibiti, an ɗora ta a kan bulo biyu saboda ruwan da ke shigowa da damina. Ƙurar hunturu ta lulluɓe ragar gabanta kamar bargo, ɗaya daga cikin fayafayanta uku yana nuna wuta ruwan lemo, alamar ya samu matsala, kuma babu wanda ya san tun yaushe. A cikinta akwai Windows Server 2003 da manhajar katin marasa lafiya, wadda kamfanin da ya rubuta ta ya daɗe da rufewa. Faifan saka manhajar ya ɓata, takardar lasisi ta ɓata. Ranar da injin nan ya ƙi tashi, tarihin jinyar mutane na shekara da shekaru ya tafi ke nan.

Irin wannan saba ake kwashewa dungurungum a mayar da ita VM, wato kwamfutar da aka gina da manhaja, tana zaune a cikin wata sabuwar kwamfuta mai ƙarfi. Sabon injin shi ne mai masauki, tsohuwar saba ta zama baƙuwa a cikinsa, da Windows ɗinta da manhajojinta da bayananta yadda suke. Ma'aikatan fannin suna kiran aikin P2V, wato ƙaura daga injin ƙarfe zuwa VM. Ka riƙe doka ɗaya tun daga nan har ƙarshe: duk gyara da gwaji a kan kwafi ake yi. Asalin injin shi ne hanyarka ta komawa gida idan abu ya ɓaci, don haka ba a wasa da shi.

Kayan aiki

Na farko mai masauki. Kowace saba ko kwamfutar tebur mai ƙarfi za ta yi, muddin furosesarta tana da Intel VT-x ko AMD-V kuma an kunna shi a BIOS. Ka ba ta RAM da ya zarce na tsohuwar da aƙalla gigabayit 4, da fayafayan SSD biyu masu kwafin juna. A kanta za ka saka manhajar masauki. Ni Proxmox VE nake sakawa, kyauta ce, an gina ta a kan Debian da KVM, kuma daga burauza ake sarrafa ta. Hyper-V na Microsoft ma yana yi. Mutane da yawa sun saba da ESXi na VMware, amma tun da Broadcom ta sayi kamfanin a ƙarshen 2023 tsarin lasisinsu ya canza, ka bincika sosai kafin ka ɗaura ofis a kansa. VirtualBox ya isa gwaji a laftof, amma kada ka bar aikin ofis na kullum a kansa. Misalaina a nan na Proxmox ne.

Sai faifan waje na USB wanda ya ninka bayanan tsohuwar saba girma, biyu idan da hali. Filasha biyu da ake tashin inji da su, ɗaya da Clonezilla, manhajar kwafin faifai, ɗaya da SystemRescue, wato Linux mai kayan gyara. Idan sabar ta tsufa har ba ta tashi daga filasha, ka ƙona su a CD, kuma idan furosesarta mai bit 32 ce, nemi tsohon fitowar Clonezilla mai alamar i686. Ka sauke Disk2vhd, manhajar da ke kwafe faifan Windows zuwa fayil na VHD ko VHDX, daga Sysinternals na Microsoft, da fayil ɗin ISO, wato kwafin CD a fayil ɗaya, na direbobin virtio-win, da ISO na irin Windows ɗin da ke kan sabar, domin gyaran tashi. Ka tanadi kebul na netwok mai kyau da suwic na gigabit, da littafi da biro.

Na ƙarshe, kuma kada ka raina shi: wuta. UPS mai batir lafiyayye a kan injinan biyu, da janareta cike da mai, ko inbata da ka tabbata zai kai ka. Kwafin da aka ɗauke wuta a tsakiyarsa daga farko ake sake shi, kuma tsohon faifai ba ya son a riƙa katse masa wuta.

Mataki na 1: Kwashe bayanai tun sabar tana kunne

Kafin ka kashe ta ko sau ɗaya, kwafi abin da ya fi muhimmanci zuwa faifan waje: foldodin ma'aikata, da ajiyar rumbun bayanai da aka fitar ta cikin SQL Server ko MySQL ko duk abin da suke amfani da shi. Dalilin shi ne injin da ya shekara biyar yana juyawa ba tsayawa, wani lokaci idan ya huce ba ya sake tashi. Faifai ya ƙi juyawa, ko ƙaramin batirin CR2032 na kan allon uwa ya mutu tuntuni saitin BIOS ya goge, ko batirin katin RAID, mai haɗa fayafayai da yawa su yi aiki kamar ɗaya, ya kumbura. Duk waɗannan ba sa bayyana sai an kashe an kunna.

Ka buɗe manhajar katin RAID ka duba lafiyar fayafayan. Idan ɗaya ya faɗi a RAID 5, saura ɗaya kawai tsakaninka da asara. Kada ka cusa sabon faifai don ya sake gini kafin ka ɗauki kwafi, domin wahalar ginin ce take ƙarasa faifai na biyu. Haka ma chkdsk, umarnin Windows mai gyara faifai, ka bar shi sai a kan kwafi.

Mataki na 2: Rubuta duk abin da sabar take yi

Nan ne masu gaggawa suke faɗuwa. A Windows buɗe cmd ka adana sakamakon waɗannan a fayil, ka kwafe shi zuwa filasha:

ipconfig /all
systeminfo
route print
net share
schtasks /query
netstat -ano

A Linux kuma uname -r, da df -h, da blkid, da ifconfig -a ko ip addr, da crontab -l, da abin da ke cikin /etc/fstab.

Ka rubuta adireshin IP, da na MAC, wato lambar katin netwok, da harafin kowane ɓangaren faifai, da yawan furosesa da RAM. Ka tabbata kana da kalmar sirri ta Administrator na cikin injin kansa, ka gwada ta ka ga ta buɗe, saboda lokacin gwaji baƙuwar ba za ta ga netwok ba, asusun domen na iya ƙin shiga.

Sannan ka zagaya bayan injin da tocila ka ɗauki hoto. Duk abin da ke soke a jiki yana da dalili. A asibitin nan da na ambata, akwai wani ɗan abu shuɗi kamar filasha a can ƙasa, ƙura ta rufe shi. Dongul ne na lasisi, in babu shi manhajar ba ta buɗewa. Na USB yana da sauƙi, ana miƙa shi ga baƙuwa ta cikin Proxmox. Wanda ke kan tsohuwar kafar firinta mai fil 25, ko na'urar awo da ke kan kafar siriyal, ko wani kati na musamman a cikin injin, waɗannan sai ka nemo musu mafita kafin ka ci gaba. Wasu manhajojin kuma da adireshin MAC suke ɗaure lasisinsu, shi ya sa na ce ka rubuta shi.

Ka zauna da mutanen da suke aiki da ita. Tambayi akawu, tambayi mai karɓar kuɗi, tambayi wanda ya fi kowa daɗewa: me kuke buɗewa da safe, me kuke bugawa a ƙarshen wata? Amsoshinsu su ne jerin gwajinka a mataki na 7.

Abu biyu su sa ka dakata. Idan sabar ita ce mai riƙe da Active Directory, wato rajistar asusun ma'aikata na domen, kuma akwai wata irinta a netwok, kada ka kwafe ta da wannan hanya. Tsohon kwafi idan ya tashi yana rikita lissafin da suke daidaita juna da shi, matsalar da ake kira USN rollback, kuma gyaranta ya fi ƙaura wuya. Gina sabuwa a VM, ka mayar mata da muƙaman FSMO, wato ayyukan shugabancin domen, ka sauke tsohuwar. Na biyu lasisin Windows: idan na OEM ne, wanda ya zo da sitika a jikin injin, a ƙa'ida da injin yake ɗaure, kuma Windows za ta nemi a sake tabbatar da lasisinta bayan ƙaura. Ka gaya wa mai ofis wannan tun da wuri a tanadi lasisin da ya dace.

Mataki na 3: Ɗauki kwafin faifai

Hanya uku ce, yanayin sabar ne zai zaɓa maka.

Idan Windows ce kuma ba a son kashe ta, Disk2vhd. Ka tsayar da rumbun bayanai da duk manhajar da ke rubutu ta cikin services.msc, ka buɗe Disk2vhd, ka bar alamar Use Volume Shadow Copy, ka zaɓi duk ɓangarorin faifai. Kuskuren da na fi gani shi ne barin ɗan ƙaramin ɓangaren nan System Reserved mai megabayit 100 a Windows Server 2008 R2. A cikinsa fayilolin tashi suke, in ka bar shi baƙuwa ba za ta tashi ba. Ka ajiye kwafin a faifan waje ko a netwok, ba a kan faifan da kake kwafa ba. VHD ba ya wuce kusan terabayit 2, VHDX yana kai 64. Kada ka buɗe kwafin a kan injin da ka ɗauko shi, Windows za ta ga fayafayai biyu masu sa hannu ɗaya ta canza wa kwafin nasa, tashi ya lalace. Idan sabon fitowar Disk2vhd ya ƙi buɗewa a 2003, koma hanya ta biyu.

Hanya ta biyu ita na fi yarda da ita: a kashe sabar a tashe ta da Clonezilla. Babu abin da ke motsi a faifan, kwafin yana fita tsaf, kuma Windows da Linux duk ɗaya ne a wurinta. Zaɓi device-image, sannan local_dev idan faifan USB ne, ko ssh_server ko samba_server idan ta netwok ne, sannan savedisk. Ka yarda ta duba kwafin bayan ta gama. Katin RAID zai nuna mata fayafayan a matsayin faifai ɗaya. A tsofaffin HP sunan na iya fitowa cciss/c0d0 maimakon sda, kada ya ruɗa ka. Ka karanta girma da sunan faifai sau biyu kafin ka danna, domin a wannan allon ne mutum ke juya asali da wurin ajiya.

Hanya ta uku ta faifai mai ciwo ce, wanda ke ƙara ko yake tsayar da Clonezilla. Tashi da SystemRescue, ka haɗa faifan waje, ka yi:

ddrescue -n /dev/sda /mnt/usb/saba.img /mnt/usb/saba.map

Wannan zai kwashe wuraren da ke da lafiya tukuna. Sannan ka sake da -r3 a madadin -n don ya koma wuraren da suka ƙi sau uku. Fayil ɗin map shi ke tuna inda aka tsaya, ko wuta ta ɗauke daga nan zai ci gaba.

Ka yi lissafin lokaci kafin ka yi wa kowa alkawari. Gigabayit 300 a netwok na gigabit wajen awa ɗaya ne idan fayafayan suna da sauri. A USB 2.0, wanda shi ne a yawancin tsofaffin injina, kusan awa uku. A katin megabit 100 kuwa wajen awa takwas. Da ka gama, ka yi wa kwafin kwafi, ka ajiye na farkon gefe ba a taɓa shi.

Mataki na 4: Gina baƙuwar da za ta yi kama da tsohon gida

A Proxmox danna Create VM, ka zaɓi nau'in babbar manhajar daidai. Idan tsohuwar saba da BIOS na da take tashi, kuma duk mai 2003 haka take, da yawancin masu 2008, ka bar SeaBIOS da i440fx. Idan da UEFI take tashi, faifanta GPT ne, zaɓi OVMF. A Hyper-V wannan shi ne bambancin Generation 1 da Generation 2. Kuskure a nan yana ba ka baƙin allo mai cewa babu abin tashi.

Kada ka cika mata kaya. Windows Server 2003 Standard mai bit 32 ba ta ganin fiye da gigabayit 4 na RAM, 2008 R2 Standard kuma 32. Idan tsohuwar tana da furosesa fiye da ɗaya, ka ba baƙuwar aƙalla biyu, saboda 2000 da XP da 2003 suna zaɓar HAL ɗinsu, wato ɓangaren Windows da ke hulɗa da ƙarfen injin, tun ranar da aka saka su. Katin netwok ka zaɓi Intel E1000, ga XP kuma Realtek RTL8139 ya fi sauƙi. Abu mafi muhimmanci: ka sa alamar Disconnect a kan katin. Baƙuwar kada ta ga netwok ɗin ofis tukuna.

Idan VHD ko VHDX ko img ne a hannunka, ka kai shi kan mai masauki ka yi:

qm importdisk 101 saba.vhdx local-lvm

101 lambar VM ɗin ce, local-lvm kuma ma'ajiyar. Faifan zai fito a Hardware da sunan Unused Disk. Danna shi sau biyu, ka haɗa shi a matsayin IDE ga 2003 da abin da ya girme ta, SATA ga 2008 zuwa sama. Sannan ka shiga Options, Boot Order, ka sa shi a gaba. Mutane da yawa suna manta wannan na ƙarshen. Idan kana buƙatar canza nau'in fayil da hannu, qemu-img convert yana yi, sai dai ka tuna sunan VHD a wurinsa vpc ne.

Idan da Clonezilla ka ɗauka, ka ƙirƙiri faifai fanko wanda bai gaza na asali ba ko da bayit ɗaya, ka tashi VM ɗin da ISO na Clonezilla, ka yi restoredisk.

Kafin ka kunna, ɗauki Snapshot, wato hoton yanayin VM ɗin a wannan lokaci. Duk gyaran da ya ɓaci, minti ɗaya ya mayar da kai nan.

Mataki na 5: Tashin farko da shuɗin allo

Wani lokaci tana tashi lafiya lau. Sau da yawa kuwa tambarin Windows zai fito, sai shuɗin allo mai lamba 0x0000007B. Kada gabanka ya faɗi, bayananka suna nan. Windows ce take neman katin RAID da ta saba da shi, ta tarar da wani mai kula da faifai daban, kuma direbansa a kashe yake.

A 2008 da 2008 R2, tashi da ISO na Windows, ka danna Shift da F10 don cmd ya buɗe, ka rubuta regedit. Danna HKEY_LOCAL_MACHINE, ka yi Load Hive, ka ɗauko fayil ɗin SYSTEM daga Windows\System32\config na faifan baƙuwar. Harafin faifan na iya zama D a nan, ka duba. Ka leƙa Select ka ga lambar Current, yawanci 1 ce, wato ControlSet001. A ƙarƙashin services ka mayar da Start zuwa 0 a msahci, intelide, pciide da atapi. Ka yi Unload Hive, ka sake tashi. A 2012 zuwa sama direban SATA sunansa storahci.

A 2003 da XP abin ya ɗan fi haka. Akwai sanannen fayil ɗin rajista da ake kira MergeIDE, wanda ke rubuta wa Windows masu kula da faifai na IDE, kuma dole atapi.sys, intelide.sys, pciide.sys da pciidex.sys su kasance a system32\drivers. Ya fi sauƙin shiga a kan injin da ke aiki, don haka nan ne kaɗai nake yarda a taɓa asali, shi ma sai bayan kwafi na farko mai tsabta yana ajiye a gefe an tabbatar da shi. Ka saka MergeIDE, ka ɗauki kwafi na biyu, ka yi aiki da shi. In ba ka son taɓa asalin ko kaɗan, ka yi gyaran Repair da faifan 2003 mai Service Pack iri ɗaya a cikin VM, amma zai nemi lambar lasisi.

Idan saƙon na rashin fayil ɗin tashi ne, a 2008 zuwa sama bootrec /fixmbr da /fixboot da /rebuildbcd ne maganin. A 2003 ka duba boot.ini. Injinan Dell da HP sukan zo da ɗan ɓangaren faifai na kamfani a gaba, idan bai biyo kwafin ba lambar partition ta goce da ɗaya, ka gyara ta. Idan kuma 2003 ko XP daga injin Intel ta fito, mai masauki AMD ne, tana tashi tana faɗuwa, shiga Safe Mode ka mayar da Start na intelppm zuwa 4.

Linux nata ciwon daban. Idan ta tsaya tana cewa ba ta ga faifan tushe ba, tashi da SystemRescue, ka haɗa faifan, ka shiga da chroot. Gyara /etc/fstab da saitin GRUB su koma amfani da UUID maimakon sunaye irin /dev/cciss/c0d0p1. Sake gina initramfs, fayil ɗin da ke ɗauke da direbobin tashi: dracut -f a CentOS 6 da 7, tare da faɗa masa lambar kernel ɗin baƙuwar, mkinitrd a CentOS 5, update-initramfs -u -k all a Debian da Ubuntu. A CentOS 6 ka goge /etc/udev/rules.d/70-persistent-net.rules, ka cire ko ka gyara layin HWADDR a ifcfg-eth0, in ba haka ba katinka zai koma eth1 babu adireshi.

Duk abin da ka yi ya yi aiki, rubuta shi a littafin nan bi da bi. Za ka maimaita shi ranar ƙaura ta gaskiya, lokacin ka gaji kuma ana jiran ka.

Mataki na 6: Share kayan tsohon gida

Da ta tashi, cire manhajojin kamfanin injin: HP Insight da sauran kayan ProLiant, Dell OpenManage, manhajar RAID, manhajar haɗa katunan netwok, da ta UPS. Suna neman ƙarfen da babu shi, suna jawo nauyi da faɗuwa.

Sannan tsofaffin na'urori da suka ɓuya. A cmd na Administrator:

set devmgr_show_nonpresent_devices=1
devmgmt.msc

A wannan tagar cmd ɗin za ka rubuta duka biyun. A View zaɓi Show hidden devices, ka cire tsofaffin katunan netwok da suka dusashe. In ba ka cire ba, Windows za ta ce adireshin IP ɗin yana hannun wani kati. Yanzu ka sa tsohon IP a sabon katin, ka sa tsohon MAC a saitin Proxmox idan lasisi na buƙata, ka duba haruffan faifai sun dace da abin da ka rubuta, ka miƙa dongul ta Add, USB Device.

Ga 2008 R2 zuwa sama yana da kyau a koma VirtIO, direbobin da aka yi musamman don VM, don sauri. Dabarar ita ce ka ƙara ɗan faifai na gigabayit 1 a matsayin SCSI, Windows ta gan shi, ka saka direba daga ISO na virtio-win, ka kashe, sannan ka cire babban faifan ka sake haɗa shi a SCSI, ka gyara Boot Order. Sababbin fitowar ISO ɗin sun daina ɗaukar tsofaffin Windows, sai ka nemi tsohon fitowa. Ga 2003 ni nakan bar ta a IDE da E1000. Ko a haka, a kan SSD ta fi yadda take a da gudu nesa ba kusa ba.

Mataki na 7: Gwaji a killace

Ka ƙirƙiri wata gada, wato suwic na cikin manhaja, a Proxmox wadda ba ta haɗe da kowane kebul, ka sa baƙuwar a kai tare da wata ƙaramar VM ta gwaji, ko ka haɗa laftof ɗaya ta suwic na daban. Kira akawu ya zauna ya buɗe manhajarsa, ya nemo tsohon rasit, ya fitar da rahoton wata. Ka duba Event Viewer, ka duba agogo da yankin lokaci. A netwok mai domen, bambancin da ya wuce minti biyar yana hana shiga.

Ka kiyaye wannan da kyau: tsohuwa da baƙuwa kada su taɓa haɗuwa a netwok ɗaya suna kunne. Sunansu ɗaya, adireshinsu ɗaya. Ya taɓa faruwa da ni a farkon koyona, na cire alamar Disconnect don in sauke direba ɗaya, na manta ban mayar ba. Rabin kwamfutocin ofis suka yi ta rubutu a kwafin gwaji har la'asar. Mun kwana biyu muna bin rasit ɗaya bayan ɗaya da takardun hannu kafin lissafi ya daidaita, kuma mutanen da ba su ji ba su gani ba su suka sha wahalar.

Mataki na 8: Ranar ƙaura

Kwafin gwaji ya tsufa, an yi aiki a kan asali tun ranar da ka ɗauke shi. Ka zaɓi lokacin da ofis ya tashi. Yammacin Juma'a bayan an sauko daga masallaci ya fi dacewa a wurare da yawa, kana da Asabar da Lahadi a hannu. A asibiti ko wurin da ba a rufewa, ka shirya da su su koma takarda na wasu awoyi.

Sanar da kowa, tsayar da manhajoji, ɗauki sabuwar ajiyar rumbun bayanai, sannan ɗauki kwafi na ƙarshe ka maimaita matakan da ke littafinka. Idan faifan babba ne lokaci bai isa ba, ka riƙe VM ɗin da ka riga ka gyara, ka zuba mata sabuwar ajiyar rumbun bayanai da fayilolin da suka canza da robocopy ko rsync. Ka yi hattara da /MIR a robocopy, yana goge duk abin da babu shi a tushe, in ka juya tushe da masauki ka share aikin mutane.

Kashe tsohuwar, zare kebul ɗinta na netwok da na wuta, ka manna takarda a gabanta: kada a kunna. Sai yanzu za ka haɗa baƙuwar da netwok ɗin ofis. Ka sa Start at boot a Options don ta tashi da kanta bayan ɗaukewar wuta. Ranar Litinin ka riga kowa zuwa.

Mataki na 9: Ajiya da katanga

Ka goge Snapshot ɗin da ka tara bayan komai ya zauna. A faifai ɗaya suke da VM ɗin, idan ya mutu tare za su tafi. A Datacenter, Backup, ka tsara ajiya kowane dare zuwa wani inji ko faifai daban, kuma kwafi ɗaya ya riƙa kwana a wajen ginin. Ka dawo da ajiyar ɗaya a sabuwar lamba, kati a katse, ka ga ta tashi da idonka.

Ƙaurar ta raba ka da tsohon ƙarfe, amma babbar manhajar tana nan da tsufanta. Microsoft ta daina gyaran XP a Afrilun 2014, Server 2003 a Yulin 2015, 2008 da 2008 R2 a Janairun 2020, 2012 a Oktoban 2023. CentOS 7 ta ƙare a Yunin 2024. WannaCry, mugun shirin kwamfuta da ya ɓarke a Mayun 2017, ta tsohuwar hanyar raba fayil ta SMBv1 ya bi, har Microsoft ta fitar wa XP da 2003 gyara na musamman. Ka tabbata an saka shi, da gyaran ɓarakar tsaro ta BlueKeep na 2019. Ka sa baƙuwar a nata VLAN, wato keɓaɓɓen sashe na netwok, ko ka kunna katangar Proxmox a kan katinta, ka bar kwamfutocin da ke buƙatarta kaɗai su kai gare ta ta kafofin da netstat ya nuna maka a mataki na 2. Ka hana ta fita intanet, kuma kada a buɗe kafa 3389 ko 445 daga waje ko da wa ya roƙa. Ka zauna da mai ofis ku sa ranar da za a nemo sabuwar manhaja a kwashe bayanan zuwa cikinta, a rubuce.

Tsohon injin ya zauna a kashe aƙalla wata guda, har a rufe lissafin ƙarshen wata a kan baƙuwar ba tare da matsala ba. Idan akwai aikin da sai ƙarshen zango ko ƙarshen shekara ake yi, kamar sakamakon jarrabawa a makaranta, a jira shi ma. Bayan nan, kafin a sayar da injin ko a bai wa 'yan gwangwan, ka tashe shi da SystemRescue ka goge fayafayan da nwipe ko shred. Wanda ya ƙi goguwa saboda lalacewa, ka kwance shi ka huda shi da dirila a wuri uku ko huɗu. Kwafin farko mai tsabta kuma ka rubuta masa kwanan wata da sunan sabar, a kulle shi a sef na ofis.